Anna Shibanova da wahalar auna 'yar wasan baya ta Rasha

Tambaya: "Yaya, barka da aiki. Ina karatun injiniya a birnin Ufa na ƙasar Rasha. Abokan karatuna sun ja ni kallon wasan hoki na mata, na ƙungiyar garin mai suna Agidel, kuma tun a hanya suke musu kan wata 'yar wasan baya, Anna Shibanova. Wani ya ce ita ta ciyo wa Rasha lamba a gasar duniya, wani ya ce ai an taɓa korarta kan batun ƙwaya. Da na duba intanet sai na ƙara rikicewa. Ƙwallayen da ta ci wa ƙasarta ba su da yawa, an soke sakamakonsu na Olamfik ta 2014 a Sochi, ba ta je Olamfik ta 2018 ba, a 2022 kuma ba sunan Rasha aka rubuta ba, daga nan shiru. Don Allah gwana ce ko zuzutawa ce kawai? Ta yaya mutum zai auna irin wannan tarihi?"

Ƙanena, Allah ya ba da sa'ar karatu. Abokan naka duk gaskiya suka faɗa, kowa dai ya kama ɓangaren da ya fi masa daɗi. Abin da kake tambaya gida biyu ne. Na farko, da wane ma'auni ake auna mai tsaron baya a hokin ƙanƙara, tunda ba cin ƙwallo aka ɗauke ta yi ba. Na biyu, me ya sa tarihin wannan baiwar Allah yake da giɓi haka, kuma giɓin nan daga ita ne ko daga ƙasarta. Amsata a taƙaice ita ce gwana ce a matakin da Rasha take, ba a matakin 'yan Kanada da Amurka ba, kuma akwai tabo a tarihinta wanda kotu ta tabbatar. Amma in ka tsaya a kan jerin alƙaluman da ka gani, duka biyun ba za ka fahimce su ba.

Abin da ake nema wurin mai tsaron baya

Kowace ƙungiya mutum shida take sakawa a kan ƙanƙara: mai tsaron raga, 'yan baya biyu, 'yan gaba uku. Wasan zubi uku ne, kowanne minti 20, kuma agogo yana tsayawa duk lokacin da alƙali ya busa. Ba wadda take daɗewa a fili. Gudun yana cin jiki sosai, shi ya sa 'yar wasa takan yi ƙasa da minti ɗaya ta koma benci wata ta shigo, wasa kuwa bai tsaya ba. Ƙwallon ma ba ƙwallo ba ce irin wadda ka sani, wani ɗan faifan baƙar roba ne mai tauri, nauyinsa kusan giram 170.

Rabin aikin 'yar baya da baya-baya take yinsa. 'Yar gaban abokan karawa ta taho a guje, ita kuma tana sulalawa da baya tana fuskantarta, tana kiyaye tazarar da ke tsakaninsu. In ta bar tazara mai faɗi an samu damar bugu, in ta matso da yawa a kewaye ta. A wasan maza ɗan baya yana iya gyara kuskurensa da bangaza, ya haɗa mutum da katangar fili. A wasan mata na ƙasa da ƙasa an hana wannan bangazar tun bayan gasar duniya ta farko da aka yi a Ottawa ta Kanada a 1990. Saboda haka mace 'yar baya ba ta da abin dogaro sai ƙafa da sanda da iya tsayuwa, ta san yadda za ta kora mai ɗauke da faifai zuwa gefe har fili ya ƙare mata.

Ga yadda ni nake yi in ina son sanin darajar 'yar baya. Nakan sa bidiyon wasa in manta da faifan gaba ɗaya, in bi mace ɗaya da ido tun daga shigarta har fitarta. Abin da na fi dubawa shi ne bugun farko bayan ta ƙwato faifai a bayan ragarsu. Ta miƙa wa 'yar uwarta a kan sanda ne, ko ta watsar don ta rabu da shi? Sai kuma in duba lokacin da koci yake tura ta. Idan an kori 'yar wasa ɗaya na minti 2 saboda laifi, ƙungiya ta koma mutum huɗu a gaban biyar, ban da masu tsaron raga, wa aka saka? Idan saura minti ɗaya a tashi kuma ana gaba da ci ɗaya, wa ke fili? Ba a sanin maci tuwo sai miya ta ƙare. Koci yana iya yabon kowa a gaban 'yan jarida, amma ba zai damƙa waɗannan mintuna a hannun wadda bai yarda da ita ba. In ka koma kallo, nemi kujerar sama, daga can ake ganin tazarar da nake faɗa maka.

Akwai wani lissafi da za ka gani a shafukan intanet, na ƙari da ragi. Ana ba 'yar wasa maki ɗaya in ƙungiyarta ta ci tana fili, a cire ɗaya in an ci su. Wannan lissafin yana zaluntar 'yan bayan Rasha ƙwarai. A tsarin gasar duniya na shekarun da Shibanova ta buga, ana tara ƙasashen da suka fi ƙarfi ne a rukuni ɗaya, don haka duk shekarar da Rasha ta hau wannan rukuni sai ta gamu da Amurka da Kanada tun a zagayen farko. A 2015 Amurka ta lallasa Rasha 13-1 a wasan kusa da na ƙarshe. Wadda koci ya fi amincewa da ita, ita ce za ta fi daɗewa a gaban wannan ruwan ƙwallaye, kuma ita ce alƙalumanta za su fi muni. Gasar duniya kuwa sau ɗaya ce a shekara, wasa biyar zuwa bakwai, kuma a 2014 da 2018 ba a yi ta ba saboda Olamfik. Dare ɗaya irin wancan ya isa ya ɓata lissafin shekara.

Ottawa, 2013

Rasha babbar ƙasa ce a hokin maza, amma a na mata ta makara. Sai a 1994 ƙungiyar matan ta fara buga wasa, sai a 1997 ta shiga gasar duniya. Ta samu tagulla a 2001, daga nan aka yi shekara 12 ba lamba. Abin da ya farkar da hukumomi shi ne Olamfik ta 2014 da za a yi a gida, a Sochi. Aka ƙara kuɗi da kulawa, aka naɗa Alexei Yashin, tsohon tauraron da ya buga a Amurka da Kanada, manajan ƙungiyar mata a ƙarshen 2012, aka kuma jawo 'yan mata masu tasowa. Cikinsu har da Shibanova, wadda aka haifa a Omsk ranar 10 ga Nuwamba 1994. Tagwaye ne ma, 'yar uwarta Tatyana ita ma 'yar hoki ce.

A gasar duniya ta Afrilun 2013 a Ottawa, Kanada ta doke Rasha 8-1 a wasan kusa da na ƙarshe, sai neman tagulla da Finlan. A ragar Finlan akwai Noora Räty, ɗaya daga cikin masu tsaron raga mafi ƙwarewa a lokacin. An yi zubi biyu ba ci. A zubi na uku Shibanova, tana da shekara 18, ta fasa ragar, Alexandra Vafina ta ƙara, aka tashi 2-0. Wannan shi ne abin da abokinka na farko yake nufi, kuma bai yi ƙari ba.

Ka lura da Finlan ɗin nan, don da ita ake auna Rasha. Daga 1990 har zuwa 2017 Kanada da Amurka ne kaɗai suka buga wasan ƙarshe na gasar duniya. Sauran ƙasashe matsayi na uku suke nema, kuma Finlan ce ta fi kowa riƙe shi. Lambobin tagulla uku da matan Rasha suka taɓa samu, 2001 da 2013 da 2016, duk daga hannun Finlan suka ƙwace su. Na 2016 a Kamloops ta Kanada ya fi nuna aikin 'yan baya. Har aka gama lokaci da ƙarin lokaci ba wanda ya ci, sai a bugun fenariti Olga Sosina ta raba gardama. Shibanova tana cikin wannan tawaga. A wasannin neman lamba na 2013 da 2016 ba a jefa wa Rasha ƙwallo ko ɗaya ba, kuma wannan ba ya fitowa a layin sunan kowace 'yar baya.

Sochi da abin da ya biyo baya

A kan ƙanƙara, Sochi ba ta yi wa Rasha daɗi ba. Sun ci Jamus da Japan da Suwidin a rukuni, sai Siwizalan ta fitar da su da 2-0, mai tsaron ragarta Florence Schelling ta tare duk abin da aka bugo mata. Suka ƙare a na shida. Da a nan maganar ta tsaya, da an manta.

A watan Mayun 2016 Grigory Rodchenkov, tsohon shugaban ɗakin gwajin ƙwayoyin ƙara kuzari na Mosko, wanda ya gudu Amurka, ya bayyana yadda aka yi maguɗi a Sochi. A cewarsa da dare ake zura kwalaben fitsarin 'yan wasa ta wani rami a bango zuwa ɗakin da ke gefe, jami'an tsaro su buɗe murfin da aka ce ba ya buɗuwa, a zubar da fitsarin a zuba wani mai tsabta da aka tanada tun watanni kafin gasar. Hukumar WADA, mai yaƙi da shan ƙwayoyin ƙara kuzari a wasannin duniya, ta sa wani lauya ɗan Kanada, Richard McLaren, ya bincika, ya fitar da rahoto a Yuli da kuma Disamban 2016. An ga ƙarce a cikin murafan kwalabe. A wasu samfuran gishirin ya wuce abin da jikin mai lafiya zai fitar, don an zuba shi ne a daidaita kaurin fitsarin da abin da aka rubuta a takarda. Rahoton ya kuma ce a samfurin 'yan hoki mata biyu an samu ƙwayar halittar namiji.

Saboda haka kalmar "an kama ta da ƙwaya" ba ta zauna daidai ba. Ba gwaji ne ya nuna wani sinadari a jikinta ba. Tuhumar ita ce an musanya samfurin, wanda a dokar wasanni shi ma laifi ne mai zaman kansa. A Disamban 2017 kwamitin ladabtarwa na IOC, wato kwamitin Olamfik na duniya, ƙarƙashin Denis Oswald ya haramta wa 'yan hoki mata takwas shiga Olamfik har abada, aka kuma soke matsayi na shidan da ƙungiyar ta samu. Suka ɗaukaka ƙara zuwa kotun wasanni ta CAS tare da sauran 'yan wasan Rasha. Ranar 1 ga Fabrairun 2018 kotu ta yanke hukunci kan mutum 39. Ta soke hukuncin 28 saboda hujjar ba ta isa ba, ta kuma ja kunne cewa rashin isar hujja ba wankewa ba ne. A kan 11 ta ce hujjar ta isa. Cikin 'yan hokin nan takwas, biyar sun fita: Pashkevich, Smolentseva, Lebedeva, Burina da Shchukina. Uku ba su fita ba: Galina Skiba, Inna Dyubanok da Anna Shibanova. Sai dai kotu ta ce haramcin har abada ya yi tsauri, ta mayar da shi haramcin gasar 2018 kaɗai.

A nan ne nake rabuwa da ɓangarorin biyu na musun abokanka. Masu cewa duk sharrin Turawan Yamma ne sai su amsa wannan: kotun da ta saki 28, har IOC ta fito ta nuna ɓacin ranta, ita ce dai ta riƙe 11. Kotun da ta zo da niyyar cin zarafin Rasha ba za ta yi haka ba. Masu ɗaukarta kamar ita ta shirya abin kuma su tuna shekararta 19 a Sochi, kuma ba 'yar wasa ce take haƙa rami a bangon ɗakin gwaji ba. Ni mai nazarin wasa ne, ba lauya ba, ban kuma zauna a ɗakin sauya kayansu ba. Iyakata ita ce abin da kotu ta yanke, kuma hukuncin yana nan daram a tarihinta.

Abin da ya ci mata kuwa ba ƙarami ba ne. A Olamfik ta 2018 a Pyeongchang ta Koriya ta Kudu, an bar waɗanda aka tantance su buga da sunan OAR, wato 'yan wasan Olamfik daga Rasha, ba tuta ba taken ƙasa. Wannan tawagar ta doke Siwizalan 6-2, ta kai wasan neman tagulla, Finlan ta yi nasara 3-2. Na huɗu, matsayi mafi girma da matan Rasha suka taɓa kaiwa a Olamfik, kuma ci ɗaya ne ya raba su da lamba. Shibanova tana gida tana da shekara 23.

Komawa ba tuta

Sunan da ka gani a 2022 a maimakon na Rasha, wato ROC, kwamitin Olamfik na Rasha, wani hukunci ne daban, ba nata ba. A Disamban 2019 WADA ta hukunta Rasha saboda an taɓa bayanan kwamfutar ɗakin gwajin Mosko kafin a miƙa su. Hukuncin shekara huɗu ne, CAS ta rage shi zuwa biyu. A tsawon lokacin 'yan wasa suna shiga manyan gasanni da sunan kwamitin Olamfik na ƙasarsu, ba sunan ƙasar ba. Ga kuma korona, wadda ta sa aka soke gasar duniya ta 2020 ɗungurungum.

Shibanova ta dawo, ta je Olamfik ta 2022 a Beijin. A wasan farko suka ci Siwizalan 5-2, Polina Bolgareva ta ci uku, ita ma ta jefa ɗaya. Daga nan cutar ta shiga tawagar, 'yan wasa suna ta komawa killace. Wasansu da Kanada sai da aka jinkirta shi kusan awa ɗaya ana jiran sakamakon gwaji, aka fara shi kowa da takunkumi a ƙarƙashin hular kwano, Kanada ta ci 6-1. Siwizalan ta sake fitar da su a zagayen 'yan takwas da 4-2, kamar yadda ta yi musu a Sochi da kuma gasar duniya ta 2021 a Calgary. Ni dai ba na ɗora nauyi mai yawa a kan abin da kowace 'yar Rasha ta yi a Beijin, don 'yan baya biyu-biyu suke aiki, kuma wadda abokiyar tsayuwarta take sauyawa kullum ba za ta nuna iyawarta ba.

Abin da ya fi burge ni shi ne dawowar kanta. Tsakanin Ottawa da Beijin kusan shekara tara ne, an sauya koci, an shigo da sababbin 'yan baya irin su Nina Pirogova, amma gurbinta bai tafi ba. A gida kuma Agidel ta lashe gasar lig ta mata, wadda aka kafa a 2015, a 2018 da 2019 da 2021, tana cikin ginshiƙan bayanta. In kana son ganin inda iyakarta take, kwatanta ta da Jenni Hiirikoski ta Finlan, wadda aka zaɓa gwarzuwar 'yar baya a gasar duniya sau da dama, ta kuma jagoranci Finlan suka doke Kanada a 2019 suka kai wasan ƙarshe. Hiirikoski takan juya wasa ita kaɗai a gaban manyan biyun nan. Ban ga 'yar bayan Rasha da ta kai nan ba, har da Shibanova. Dalilin ba baiwa kaɗai ba ce. 'Yar Kanada ko Amurka tana tasowa cikin dubban 'yan mata masu wasa, ta wuce gasar jami'o'i mai zafi. 'Yar Rasha kuwa lig ɗinta ƙungiyoyi ne 'yan kaɗan, biyu ko uku ne masu ƙarfi, sai ta je gasar duniya take haɗuwa da irin wancan gudun.

Shirun da ya biyo bayan 2022

Kwana 8 bayan rufe gasar Beijin, ranar 28 ga Fabrairun 2022, hukumar hokin ƙanƙara ta duniya IIHF ta dakatar da Rasha da Belarus saboda yaƙin Yukren. Ta ci gaba da sabunta dakatarwar kaka bayan kaka, kuma ba a ba ƙungiyoyin hokin Rasha gurbi a Olamfik ta 2026 a Italiya ba. Shibanova tana da shekara 27 lokacin da aka rufe ƙofar. Wannan shekarun ne 'yar baya take nuna, don aikin na karanta wasa ne, kuma karatun yana zuwa ne bayan an sha wuya. Don haka shirun da ka gani ba ritaya yake nufi ba, ba kuma koci ne ya ajiye ta ba.

Ƙofar da ta rage wa 'yan Rasha ita ce ta ƙwararru a ƙetare. Lig ɗin ƙwararrun mata ta PWHL ta Amurka da Kanada ta fara wasa a Janairun 2024, kuma a 2025 ƙungiyar Ottawa ta zaɓi Anna Shokhina da Fanuza Kadirova. Dukansu 'yan gaba ne, kuma ban yi mamaki ba. Mai cin ƙwallaye alƙalumanta suna yi mata talla ko daga nesa. 'Yar baya kuwa sai an gan ta tana tare gwanaye kafin a yarda da ita, kuma gasar duniya ce wurin da ake ganin hakan. Shibanova aƙalla tana da Ottawa da Kamloops da Beijin da za a koma a kalla. 'Yan bayan da suka taso a Rasha bayan 2022 ba su taɓa tsayawa gaban 'yan gaban Kanada ko Amurka a babbar gasa ba, don haka masu neman 'yan wasa ba su da abin auna su sai wasannin lig ɗin gida.